Manyan Huɗu, PGA Tour, DP World Tour ko LIV: Wace Gasar Golf Ta Dace da Mai Kallo Daga Birnin Kebbi?

Wani ƙanena da muke aiki wuri ɗaya a nan Birnin Kebbi ya tare ni bayan Azahar, ya ce, "Yaya, wasan nan naku na golf ya fara shiga raina, amma na rasa bakin zaren. Yau in ji PGA, gobe in ji LIV, jibi a ce Masters, ni kuma albashina ba zai ɗauki duka ba." Na ce masa ko mai kuɗin ma ba shi da idon bin duka, domin da wuya mako ya wuce ba a buga babbar gasa a wani sashe na duniya ba. Amsar da na ba shi a tsaye ba ta wadatar ba, shi ya sa na zauna na baje ta a nan, don shi da duk wanda ke cikin irin wannan ruɗani a Kebbi ko Zamfara.

Ga wanda bai taɓa zama ya kalla ba: filin golf, wasan da wasu ke kira ƙwallon lambu, yana da ramuka 18. Ɗan wasa yana bin su ɗaya bayan ɗaya yana ƙoƙarin jefa ƙwallo da mafi ƙarancin bugu. Yawancin gasannin ƙwararru kwana huɗu ne, Alhamis zuwa Lahadi, ramuka 72 ke nan. Bayan kwana biyu ana yin tankaɗe, kusan rabin 'yan wasa su koma gida, sauran su ƙarasa. Wanda ya fi kowa ƙarancin bugu shi ne zakara.

Ma'aunin da na yi amfani da shi

Na farko kuɗi, kuma ba kuɗin wata na dikoda kaɗai nake nufi ba. A garinmu kallon awa huɗu da dare yana nufin man janareta ko batirin sola mai ƙarfi, ga data idan a waya ne. Gidajen kallo kuwa ƙwallon ƙafa suka sani, babu mai juya maka tasha zuwa golf ranar da ake wasan Firimiya.

Na biyu ɗorewa. Kafin mutum ya haddace sunayen 'yan wasa ya ƙulla ƙauna da wata gasa, ya kamata ya san ko tsarinta tsayayye ne ko kullum cikin sauyi take.

Na uku sauƙi, wanda a wurina ya fi sauran nauyi. Ƙarfe nawa ake wasan a agogon Najeriya? Kuma sabon shiga zai gane abin da ke gudana? Gabashin Amurka yana bayanmu da awa biyar daga tsakiyar Maris zuwa farkon Nuwamba, awa shida a sauran watanni. Birtaniya agogonmu ɗaya da ita a watannin zafinsu. Afirka ta Kudu tana gabanmu da awa ɗaya, Kenya da Saudiyya awa biyu, Dubai awa uku. Wanda ya riƙe waɗannan lambobi ya gama rabin zaɓinsa.

Na huɗu haɗari: makara sallar Asuba da wurin aiki, biyan kuɗin wata sannan wuta ko hadari su hana kallo, da tarkon caca.

Manyan gasanni huɗu

Su ne Masters a watan Afrilu, PGA Championship a Mayu, US Open a Yuni, da The Open a Yuli. Da su ake auna girman ɗan wasa. Jack Nicklaus ya ci 18, Tiger Woods ya ci 15, Gary Player na Afirka ta Kudu ya ci 9, kuma shi ne mutum na farko daga wajen Amurka da ya ci Masters, a 1961.

Ta fuskar kuɗi, wannan zaɓi ya fi kowanne rangwame ga mai son kallo kai tsaye, saboda wata huɗu ne a jere. Tashoshin SuperSport na DStv suna nuna su, amma ka bincika tun kafin ka biya ko tashar golf tana cikin kunshin da kake kai, don ba a ƙananan kunshi take ba. Kana iya hawa babban kunshi daga Afrilu zuwa Yuli, sannan ka sauko. Kwana 16 ne kacal na wasa a shekara, in ma ka taƙaita ga Asabar da Lahadi, kwana takwas.

Ɗorewa kuwa babu abin cewa. An fara The Open a 1860 a Prestwick ta Sikotilan, Masters kuma a 1934, kuma har yau a fili ɗaya ake yin ta, Augusta National da ke jihar Jojiya. Wannan ya sa Masters ta fi daɗin koyo: ramukan da ka gani bana su za ka gani baɗi, har ka san inda ruwa yake da inda ƙwallo ke zamewa, kamar yadda manomi ya san fadamarsa. Wani abin da ya ƙara musu daraja shi ne, tun da sabuwar gasar LIV ta kunno kai a 2022 ta janye wasu 'yan wasan PGA Tour aka raba gari, a nan ne ake ganin gwanayen PGA Tour da na LIV a fili ɗaya. Brooks Koepka ya ci PGA Championship a 2023 yana LIV, Bryson DeChambeau ya ci US Open a 2024 shi ma yana can.

Lokaci ne ya raba su biyu. Uku daga ciki a Amurka ake yi. A ranar ƙarshe ta Masters, na kan gaba suna fara wasa wajen bakwai da rabi na dare agogonmu, su gama daf da sha biyu. Ba zan manta daren 13 ga Afrilu 2025 ba. Zafin bazara ya kore mu daga ɗaki, na fito da talabijin tsakar gida na ɗora kan benci, yara sun yi barci a tabarma, na rage murya ƙasa-ƙasa. Rory McIlroy ya yi ta samu yana saki, har sai da aka koma bugun raba gardama tsakaninsa da Justin Rose. Da ƙwallon ta faɗa rami ya durƙusa yana kuka, domin rabonsa da cin ɗaya daga manyan huɗu tun 2014, kuma da wannan ya zama mutum na shida a tarihi da ya haɗa dukkansu. Sha biyu ta gota a lokacin, man janareta saura ƙiris. Na samu Asuba, amma da ƙyar. Idan kuma US Open ta faɗa yammacin Amurka, kamar ta 2023 a Los Angeles, sai an wuce biyun dare ba a tashi ba.

The Open ita ce tamu. A Yuli agogon Birtaniya daidai yake da namu: a fara da sassafe, na kan gaba su fita bayan Azahar, a ɗaga kofi kafin Magariba. Filayenta na bakin teku ne, iska tana kaɗawa, ƙasa ta bushe ƙwallo na ta gudu, wasan yana bukatar dabara fiye da ƙarfi. Haɗarinta ɗaya a wurinmu shi ne damina. Na taɓa zama ana saura ramuka uku, hadari ya taso daga gabas, hoto ya fara tsinkewa, ya ɗauke gaba ɗaya, sai a waya na ga sakamako. Mai shirin kallon The Open ya ajiye 'yar data a gefe.

PGA Tour

Wannan ita ce babbar kasuwar golf ta mako-mako, hedikwatarta a Ponte Vedra Beach ta jihar Florida. Kakarta tana farawa a Janairu, ta ƙare da wasannin kofin FedEx a Agusta, kofin da aka fara a 2007. A nan Scottie Scheffler yake, wanda ya ci Masters a 2022 da 2024, ya ƙara da PGA Championship da The Open a 2025. Gasarta mafi girma ita ce The Players a watan Maris, mai kyautar dala miliyan 25, inda rami na 17 yake kewaye da ruwa kamar tsibiri.

Ingancin wasa babu kamar nan, wannan ba abin musu ba ne. Sai dai ita ce mafi tsada a wurinmu, don bin ta sosai yana bukatar kuɗin wata takwas ko fiye, da mai na dare huɗu kowane mako. Tsarinta ya daɗe kuma tana da kafa, ko da yake gasa da LIV ta sa ta yi ta gyare-gyare: ta ƙirƙiro wasu zaɓaɓɓun gasanni masu kyautar dala miliyan 20 da 'yan wasa kaɗan, don ta riƙe manyanta. Sabon shiga zai ɗan sha wahala wajen gane wace ce babba wace ce ƙarama.

Matsalarta dare. Kusan duk wasanninta tsakanin sha ɗaya da sha biyun dare suke ƙarewa a agogonmu, ranar Lahadi kuma, ga Litinin tana jira. Yin haka sau uku a shekara abu ne mai yiwuwa, amma kowane mako jiki ba zai ɗauka ba, iyali ma suna da haƙƙi. A wasu shekarun ma watan Maris yana haɗuwa da azumi, The Players ta 2025 cikin Ramadan aka yi ta, kuma ban ga mai hankalin da zai bar Tarawihi don ƙwallo ba. Abin da nake yi shi ne kallon taƙaitaccen bidiyon da suke sakawa a YouTube da safe, minti goma zuwa sha biyar, ya ishe ni sanin wanda tauraronsa ke haskawa.

DP World Tour

Da sunan European Tour aka san ta tun 1972, sai a kakar 2022 ta ɗauki sunan kamfanin DP World na Dubai. Mutane suna raina ta saboda kyautarta ba ta kai ta Amurka ba, kuma duk shekara goma daga gwanayenta suna samun tikitin komawa PGA Tour. Gaskiya ne wannan yana rage mata ƙarfi. Amma ga mazaunin Kebbi ko Gusau, ita ce gasar da ta fi mutunta agogonsa.

Dubi yadda take yawo. Farkon shekara tana ƙasashen Larabawa, wasa ya ƙare da rana tsaka a wurinmu. Tana zuwa Kenya, inda Kenya Open ta shiga jadawalinta a 2019. Tana zuwa Afirka ta Kudu, har da Nedbank Golf Challenge a Sun City. Watannin zafin Turai tana can, wasa tsakanin Azahar da Magariba. A Nuwamba ta rufe kaka a Dubai. Ban da makonnin da take Asiya mai nisa ko Ostireliya, mutum zai kalla ya tashi ya yi sallarsa cikin jam'i, ya kwanta da wuri. Mai sola ma ya huta, domin rana na sama ake wasan, ba sai ya taɓa batir ba. Wannan kaɗai ya rage kuɗin da rabi a lissafina, ko da kuɗin dikoda ɗaya ne da na PGA Tour.

Akwai kuma daɗin ganin 'yan Afirka. 'Yan Afirka ta Kudu suna da yawa a cikinta, kuma filayen Nairobi da Johannesburg, da jar ƙasarsu da itatuwansu, sun fi kama da abin da idonmu ya saba. McIlroy ma bai yar da ita ba, yana dawowa manyan gasanninta, musamman na Dubai da BMW PGA Championship da ake yi a Wentworth cikin Satumba. Daga cikin 'ya'yanta ake haɗa tawagar Turai ta kofin Ryder, gasar da Turai ke karawa da Amurka, tawagar da ta doke Amurka a Rum a 2023, ta sake doke ta a gidanta a 2025 da ci 15 da 13.

Haɗarinta shi ne wasu makonnin sunayen da ke saman allo ba ka taɓa jin su ba, sai sha'awa ta yi sanyi. Ni dai ban ɗauki wannan aibi ba, don a nan ake ganin yaro tun yana tasowa kafin duniya ta san shi.

LIV Golf

Ta fara a Yunin 2022 a filin Centurion kusa da Landan, da kuɗin asusun zuba jari na gwamnatin Saudiyya, PIF. Charl Schwartzel na Afirka ta Kudu ya ci gasar farko, ya tafi da dala miliyan 4. Sunan kansa 54 yake nufi a lambobin Rumawa, saboda da ramuka 54 ta fara, kwana uku, babu tankaɗe, kowa ya fara wasa lokaci ɗaya daga ramuka daban-daban, ga ƙungiyoyi na mutum hurhuɗu. Ta janye manya da kuɗi mai yawa, irin su Phil Mickelson, Dustin Johnson, DeChambeau, sai Jon Rahm a Disambar 2023. PGA Tour ta dakatar da waɗanda suka tafi.

Abin yabo a nan gajarta. Tunda kowa yana fili a lokaci guda, cikin awa huɗu zuwa biyar an gama wasan yini, kuma gasanninta ba su da yawa a shekara, don haka ba ta cin mai sosai. Wanda ya taso da ƙwallon ƙafa zai ji daɗin samun ƙungiyar da zai goya wa baya. Lokutanta a warwatse suke: na Riyad da Turai sun dace da mu, na Amurka dare ne, na Adelaide ta Ostireliya kuwa sai tsakar dare zuwa asuba.

Inda nake ja da baya shi ne ɗorewa. A ranar 6 ga Yuni 2023 aka sanar da yarjejeniyar fahimta tsakanin PGA Tour, DP World Tour da PIF, aka yi ta jiran haɗewa shiru. A Oktoban 2023 hukumar da ke tsara jerin matsayin 'yan golf na duniya ta ƙi ba gasannin LIV maki. A farkon 2025 Greg Norman ya sauka daga shugabanci, Scott O'Neil ya hau. A ƙarshen 2025 kuma ta sanar da komawa ramuka 72 daga 2026, wato ta bar abin da sunanta ya ginu a kai. Gasar da ke rayuwa da aljihun mai gida ɗaya, ranar da ya sauya ra'ayi komai na iya sauyawa. Hanyar kallonta ma ba ta tsaya wuri ɗaya ba: a 2022 kyauta aka nuna ta a YouTube, daga baya ta koma hannun tashoshi, saboda haka ka tabbatar da inda ake nuna ta kafin ka kashe ko kwabo. Na san wasu 'yan'uwa suna karkata gare ta don sunan Saudiyya. Su sani harka ce ta kasuwanci da nishaɗi, da kiɗa a fili, a auna ta da ma'aunin da aka auna sauran.

| Zaɓi | Kuɗi | Ɗorewa | Lokaci a agogonmu | Babban haɗari |
|---|---|---|---|---|
| Manyan huɗu | Wata 4 na dikoda | Mafi ƙarfi | Uku da dare, The Open da rana | Makara, hadarin Yuli |
| PGA Tour | Mafi tsada, ga mai | Mai ƙarfi | Dare, zuwa sha biyu | Rashin barci kowane mako |
| DP World Tour | Matsakaici | Mai kyau | Yawanci rana | Ƙarancin manyan sunaye |
| LIV Golf | Ya danganta da tasha | Babu tabbas | A warwatse | Sauyin tsari |

Haɗari biyu sun shafi dukkansu. Na ɗaya shafukan sata da ke alƙawarin kallo kyauta: suna shanye data, suna cusa wa waya tallace-tallacen banza, wasu har su nemi bayanan banki. Na biyu caca. Ban da haramcinta da muka sani, golf wasa ne da mutum sama da ɗari ke neman kofi ɗaya, gwanin gwanaye ma ya fi faɗuwa yawa a kan ci. Kafin US Open ta 2025 a Oakmont, mutum nawa ne suka ambaci J.J. Spaun? Shi ya ɗauke ta.

Wani zai ce, me ya hana a je a gani da ido? Najeriya tana da tarihinta a wasan nan. Vijay Singh, wanda daga baya ya zama na ɗaya a duniya, ya ci Nigerian Open a 1988 da 1989. Akwai filaye a Kaduna, Kano, Jos da kuma IBB International Golf and Country Club a Abuja, kuma ƙwararrunmu na gida suna fafatawa a irinsu. Wanda wata hidima ta kai shi ɗaya daga garuruwan nan, ya tuntuɓi kulob ɗin ya leƙa. Jin ƙarar sanda a kan ƙwallo da ganin nisan da take tafiya yana sauya yadda mutum ke kallon talabijin. Amma ban ba kowa shawarar ya ɗauki doguwar hanya daga Kebbi ko Gusau don wannan kaɗai ba, ga tsadar mota ga halin da hanyoyi suke ciki.

Wa ya dace da wanne

Sabon shiga mai ƙaramin albashi, irin ƙanena, ya fara da The Open kaɗai. Wata ɗaya zai biya, da rana zai kalla, manyan duniya duka suna ciki. In ta kama shi, baɗi ya ƙara da Masters.

Ma'aikaci ko ɗan kasuwa mai iyali da ke da halin wata huɗu, ya ɗauki manyan huɗu, ya tanadi mai don daren Lahadi uku, ya yi ƙailula da rana.

Mai sola a gida, ko dattijon da ya yi ritaya yana son abin kallo bayan Azahar a yawancin makonni, DP World Tour ce tasa.

Wanda aikinsa na dare ne dama, kamar mai gadi, ma'aikacin asibiti a ranakun hutunsa, ko mai shagon da ba ya rufewa da wuri, kuma yana son ganin wasa mafi inganci, PGA Tour za ta biya masa bukata. Ɗalibi mai waya kawai ya tsaya ga taƙaitattun bidiyoyinta da safe, da allon sakamako da ake gani kyauta a shafinsu.

LIV kuma ta dace da wanda akwai wani ɗan wasa takamaimai da yake ƙauna a can, Rahm ko DeChambeau, ya bi makonnin da lokacinsu ya yi masa daidai, kada ya biya kuɗin shekara a kanta.

Ƙanena ya zaɓi The Open. Mun yi da shi zai zo gidana ranar Lahadin ƙarshe bayan Azahar, ni da dikoda, shi da data saboda hadari.